Mako guda da fina-finan Satyajit Ray

Asabar

Da na farkonsa muka fara, Pather Panchali na 1955. Ɗan ƙanwata ne ya zo da kwamfutar, ni kuma na zaɓi abin kallon. Yaron ya daɗe yana bin 'yan fim lokeshan yana riƙe musu fitila, yanzu kuma ya rubuta nasa labarin, ya ce shi zai ba da umarni, shi zai haɗa kiɗan a ɗakinsa. Abokansa sun ce ya ɗauko Dala ba gammo. Ni dai cewa na yi ya zo mu zauna mu ga aikin Satyajit Ray, mutumin Kalkata da ya shekara talatin yana rubuta labarin fim ɗinsa yana kuma tsara kiɗansa da kansa.

Fim ɗin Indiya ne, amma ba irin wanda muka taso muna gani a Marhaba da El Dorado ba. Waɗancan na Bombai ne, da harshen Hindi. Wannan da harshen Bangal aka yi shi, baƙi da fari, babu bos, babu rawa a bakin dutse. Gidan talaka ne a ƙauye: Harihar, malamin addininsu da ba ya samun abin kirki, matarsa Sarbajaya, 'yarsu Durga, ƙaninta Apu, da wata tsohuwa Indir da ta rankwafa har ta kusa taɓa ƙasa, wadda Durga ke sato wa gwaiba daga gonar maƙwabta.

Wuri ɗaya ne ya sa muka tsayar, muka mayar baya. Harihar ya yi watanni yana neman kuɗi a wani gari, bai san Durga ta rasu bayan ruwan sama ya dake ta zazzaɓi ya kama ta ba. Ya shigo ya tarar da gidan ya rushe gefe, yana kiran yaran. Matar ta kawo masa ruwa ba ta ce uffan ba. Ya kwance ƙunshinsa yana nuna mata tsaraba ɗaya bayan ɗaya, har ya zo kan zanen da ya sayo wa Durga, ya miƙa mata. Ta ƙanƙame zanen, bakinta ya buɗe, ta sulale ƙasa. Ba a jin kukanta ko kaɗan. Ray ya cire muryar, ya sa ƙarar wani abin kiɗa mai tsirkiya, dangin goge, wanda suke kira tar shehnai, ya yi sama can har kunne ya yi zafi. Sai bayan nan aka ji ihun uban.

Ba Ray ne ya yi kiɗan wannan fim ba. Ravi Shankar ne, shahararren makaɗin sita, kuma a zama ɗaya na kimanin awa 11 aka naɗe shi, don yana da tafiya a gabansa. Amma wanda ya yanke cewa a nan za a rufe bakin uwa a bar tsirkiya ta yi mata kuka, darakta ne. Tun daga ranar farko kunnensa na makaɗi ne, kayan aikin ne kawai ke hannun wasu.

Lahadi

Ba mu kalli komai ba yau, hira muka yi a kan yadda aka yi fim ɗin jiya, domin yaron ya ɗauka wani attajiri ne ya zuba kuɗi.

An haifi Ray a 1921. Kakansa Upendrakishore yana da maɗaba'a, shi ya kafa mujallar yara mai suna Sandesh. Mahaifinsa Sukumar, marubucin waƙoƙin raha na yara, ya rasu Ray yana da shekara biyu, maɗaba'ar kuma ta fita daga hannunsu. Ya karanta tattalin arziki a Kwalejin Presidency, ya je Santiniketan, makarantar Rabindranath Tagore, ya koyi zane. A 1943 ya kama aiki a kamfanin talla na Turawan Ingila, D. J. Keymer, a kan rufi 80 a wata. Zanen talla da bangon littattafai ne sana'arsa, kuma ta nan ne littafin Pather Panchali na Bibhutibhushan Bandyopadhyay ya shigo hannunsa, aka ce ya zana hotunan gajeren bugu na yara.

A 1949 daraktan Faransa Jean Renoir ya zo Kalkata neman wuraren da zai ɗauki fim ɗinsa The River, Ray ya riƙa raka shi. Shekara ta gaba kamfani ya tura shi Landan na 'yan watanni, ya ƙare lokacinsa a gidajen sinima, ya ga Bicycle Thieves na Vittorio De Sica, wanda aka ɗauka a titunan Rum da mutanen da ba 'yan wasa ba. Ya dawo da niyyar yin nasa haka.

Furodusoshi suka ƙi. Babu waƙa, babu fitaccen jarumi, darakta bai taɓa yin fim ba, mai ɗaukar hotonsa Subrata Mitra bai wuce shekara 22 ba kuma bai taɓa riƙe kyamarar fim ba. Sai ya fara da kuɗin aljihunsa a 1952, yana ɗauka ranakun hutu. Sun fara da wurin da Apu da Durga suka ga jirgin ƙasa karon farko, a cikin wata doguwar ciyawa mai farin fure. Da suka koma ƙarasawa, shanu sun cinye furen, dole aka jira wata shekarar. Ya sayar da fayafayan kiɗansa, matarsa Bijoya ta jinginar da gwalagwalanta, duk da haka aiki ya tsaya cik. Abin da ya fi hana shi barci shi ne kada yaron ya girma ya canza kama, ko tsohuwar nan Chunibala Devi, mai kimanin shekara 80, ta cika kafin a gama. Allah ya ja kwananta har aka kammala ɗaukar, ta rasu kafin a fara nuna fim ɗin a gari. A ƙarshe gwamnatin Bangal ta Yamma, ƙarƙashin Dakta Bidhan Chandra Roy, ita ta ba da kuɗin ƙarasawa.

Nan yaron ya tare ni. “Kawu, to ina cin gashin kan yake, tunda gwamnati ce ta biya?”

Tambayar tana kan hanya. Fim ɗin ma mallakar gwamnatin ya zama, sunanta ne a wurin furodusa. Amma an ba shi shawara ya sauya ƙarshen labarin ya zama na farin ciki, bai sauya ba. Iyalin sun bar ƙauyen a keken shanu, a karye, kamar yadda ya tsara. Ni a wurina wannan ne ma'auni. Kuɗi ko na wa ne, a duba wa ke da maganar ƙarshe a kan abin da zai fito a allo. A 1956 aka karrama fim ɗin a bikin Cannes na Faransa, Ray kuma ya riga ya ajiye aikin talla.

Litinin

Aparajito, 1956. Apu ya tafi karatu Kalkata, uwar na ƙauye tana jiran jirgin da zai kawo shi, ciwo na cin ta ba ta faɗa masa ba. Duk wanda ya bar tsohuwarsa ya tafi jami'a zai ji wannan fim a ƙirjinsa. Mutanen Bangal ba su so shi ba a lokacin, an yi asara, amma ya ci babbar kyautar bikin Venice a 1957.

Abin da ya ɗauki hankalin ɗan ƙanwata daban ne. Tsakar gidan Banaras da ake gani a fim ɗin a cikin sutudiyo aka gina shi, don tsoron ruwan sama. Subrata Mitra ya shimfiɗa farin ƙyalle a sama, ya haska fitilu a jikinsa, hasken ya dawo ƙasa a tausashe babu inuwa mai kaifi, sai ka rantse sararin sama ne. Yaron ya ce su ma haka suke yi da farin allo a lokeshan, bai taɓa tambayar daga ina abin ya fito ba. An ɗauke wuta kafin mu shiga na uku a labarin Apu, Apur Sansar.

Talata

Jalsaghar, 1958, shi ne wanda na fi ɗokin nuna masa. Bayan asarar Aparajito, Ray ya nemi labarin da ke da kiɗa da rawa ko kasuwa za ta karɓa. Abin da ya fito bai yi kama da fim ɗin kasuwa ba ko kusa. Wani basarake ne mai filaye, Biswambhar Roy, kogi na cinye gonakinsa, dukiya na tsiyayewa, shi kuwa ba abin da ya dame shi sai tara makaɗa a babban zaurensa. Maƙwabcinsa, ɗan mai ba da bashi da ruwa, ya yi sabon kuɗi ya sayo janareta da mota. Basaraken ya kwashe ragowar abin da ke cikin akwati ya shirya taro na ƙarshe. Da mai rawa ta gama, sabon attajirin ya zabura zai yi liƙi, tsohon ya sa marikin sandarsa ya kamo hannunsa: mai gida ne ke fara kyauta. Ya jefa jakar kuɗinsa ta ƙarshe. Wanda ya taɓa zama a wurin da ake wa sarakuna kiɗan fada ya san wannan girman kan, ya kuma san yadda yake cin gida.

Ustaz Vilayat Khan ne ya tsara kiɗan, Begum Akhtar ta yi waƙa a ciki, Bismillah Khan ya yi busa. A Devi na 1960 kuma Ali Akbar Khan ne. Wato a shekarunsa na farko Ray ya yi aiki da manyan makaɗan Indiya uku da babu kamarsu: Ravi Shankar, Vilayat Khan da Ali Akbar Khan. To me ya sa daga Teen Kanya na 1961 ya sallami kowa ya riƙe kiɗan da kansa har ƙarshen rayuwarsa?

Dalilin yana cikin yanayin sana'ar. Waɗannan mutane sun saba su zauna gaban jama'a su ja salo ɗaya na tsawon awa, suna warware shi a hankali yadda ransu ya so. Fim kuwa yakan buƙaci daƙiƙa ashirin, ya fara daidai lokacin da mace ta ɗaga kai, ya mutu kafin a buɗe ƙofa. Ta yaya za ka dubi ustazun da duniya ke tashi tsaye dominsa ka ce masa ya rage, ya yi yawa? Ga shi kullum suna kan hanyar ƙasashen waje. Sannan labaransa sun fara komawa birni, ga mutanen Kalkata masu karatun boko, waɗanda rabin kunnensu na gida ne rabi na Turai, kuma kiɗan gargajiya tsantsa ba zai faɗi halinsu ba.

Bai yi makarantar kiɗa ba. Ya taso dai a gidan da ake rera waƙoƙin Tagore, tun yana saurayi kuma yake tara fayafayan Mozart da Beethoven, yana bin rubutun kiɗan da ido yayin da faifan ke juyawa. Da fiyano yake laluben sautin a gida, ya rubuta wa kowane makaɗi nasa layin, ya haɗa sita da sarewa da kayan kiɗan Turai a wuri ɗaya. Har wasu suka fara neman sa: shi ya yi wa James Ivory kiɗan Shakespeare Wallah a 1965.

Na ce wa yaron ya lura da abu ɗaya daga gobe. Tun da kiɗan ya dawo hannun Ray, raguwa ya yi ta yi. Wanda aka ɗauko haya yakan so a ji aikinsa a ko'ina, don a san bai ci kuɗin banza ba. Wanda ya rubuta labarin da kansa ya san inda magana ta isa, ya san inda shiru ya fi.

Laraba

Charulata, 1964, daga gajeren labarin Tagore. A ganina nan ne ƙololuwar aikinsa, shi ma an san ya fi gamsuwa da shi a kan sauran.

Mintunan farko kusan babu magana. Charu, matar wani mai jarida a Kalkata ta 1879, tana ɗinkin ado a jikin hankici. Ta tashi ta ɗauko littafi, ta ji ɗan gangan mai wasa da biri daga titi, ta ɗauko ƙaramin madubin hangen nesa. Daga taga zuwa taga take bi, tana ɗaga katakon tagar tana leƙen wani mai ƙiba da lema yana wucewa. Sai ga mijinta ya fito ta baranda, kansa a cikin littafi, ya wuce ta gab da ita bai gan ta ba. Ta ɗaga madubin ta kalle shi da shi, shi da ke taku kaɗan daga inda take. Ta sauke hannu, kyamara ta ja baya da sauri, ta bar ta ita kaɗai a tsaye a dogon gida. An gama gaya maka matsalar auren nan. Abin da kunne ya ji a duk tsawon wannan bai wuce ɗan sauti mai taushi a farko, da agogo, da gangan mai biri, da kiran masu talla ba. Hayaniyar titi ita ce kiɗan, kuma da gangan aka jera ta.

Irin wannan ba ya samuwa a lokeshan da ka. Ray yana da manyan littattafai masu jan bangon yadi, irin na 'yan kasuwar Bangal na rubuta lissafi, a ciki yake zana kowace fitowa: inda kyamara za ta tsaya, maganar ɗan wasa a gefe, tufafin da za a sa, wani lokaci har da layin kiɗan a ƙasan shafi. Fosta ma shi ke zanawa, da rubutun sunaye na farkon fim.

Daga wannan fim ne kuma ya fara riƙe kyamarar da kansa lokacin ɗauka. A nan muka saɓa da ɗan ƙanwata, don shi abin ya burge shi, ni kuwa ina da ja. Subrata Mitra ba yaron aiki ba ne, ido ne na biyu, mai iya cewa a'a. Bayan Nayak na 1966 bai sake yin fim da Ray ba. Fina-finan da suka biyo baya suna da kyau, amma hasken Charulata, yadda rana ke ratsa labule ta kwanta a fuskar Madhabi Mukherjee mai fitowa a Charu, ban sake ganin irinsa a wurinsa ba. Labari da kiɗa abu ɗaya ne a wurina, duka lissafin lokaci ne, yaushe za a faɗa, yaushe za a yi shiru, don haka zamansu a kai ɗaya yana da amfani. Haske kuwa wani ilimi ne daban.

“Kawu, ai shi ya fi kowa sanin abin da yake so.”

Na ce haka ne, amma wani lokaci abokin aiki ne ke kawo maka abin da ba ka san kana so ba. Bai yarda ba. Muka tashi sallar Isha.

Alhamis

Yau dariya muka sha. Goopy Gyne Bagha Byne, 1969, daga labarin da kakansa ya rubuta wa yara. Mawaƙi marar murya da makaɗi marar hannu, an kore su daga garuruwansu, suka haɗu a daji, kiɗansu ya burge Sarkin Fatalwa ya ba su buƙata uku: abinci da sutura in sun tafa hannu, takalman da za su kai su ko'ina, da waƙar da ke sandarar da mai ji. Da waƙar suka tsayar da yaƙi tsakanin masarautu biyu. Ray ne ya rubuta baitocin, ya sa musu kiɗa, har muryar Sarkin Fatalwa tasa ce. Akwai rawar fatalwowi ta wajen minti shida, rukuni huɗu, kowane rukuni da abin bugunsa na kudancin Indiya. Fim ɗin ya yi kasuwa sosai a Bangal, yaransu har yau suna rera waƙoƙin.

Wannan ya rufe bakin mai cewa mutumin ƙin waƙa yake yi. Abin da ba ya yi shi ne tsayar da labari a tafi rawa a dawo. A nan in ka cire waƙa labarin ya rushe, don ita ce makamin jaruman. Tatsuniyoyinmu ma haka suke, waƙar da yarinya ke yi a bakin rijiya ita ke tona asiri. A fina-finanmu na Kano kuwa sau da yawa waƙar ake fara naɗewa, a zo ana neman inda za a cusa ta.

Juma'a

Bayan masallaci wani dattijo maƙwabcina ya shigo ya same mu muna kallon Shatranj Ke Khilari na 1977, fim ɗin da Ray ya yi da Urdu da Hindi. Yana zama ya nuna allo: “Kai, wannan ba Gabbar ba ne?” Shi ne kuwa, Amjad Khan, Gabbar na Sholay, ga kuma Sanjeev Kumar, Thakur na Sholay, muryar mai ba da labari kuma ta Amitabh Bachchan. Sai dai Gabbar a nan sarki ne mai taushin zuciya, Wajid Ali Shah na Awadh, mawaƙi mai tsara kiɗa da rawa, wanda Turawan kamfanin East India suka tuɓe a 1856 ba tare da an yi yaƙi ba. Manyan gari biyu kuma suna can sun duƙufa a kan darar ces, har sojojin suka shigo Lakno, birnin sarkin, suna wasa. Dattijon ya yi shiru, can ya ce abin ya tuna masa da labarin da kakansa ke bayarwa na shigowar Nasara Kano a 1903, ko da yake a nan an yi faɗa.

Shi ne ya kawo zancen Nargis, jarumar Mother India, don ya ji an ce ta soki Ray. Gaskiya ne, a 1980, tana 'yar majalisar dattawan Indiya, ta zarge shi da tallata talaucin ƙasarsu ga Turawa don ya samu kyaututtuka. Ina girmama Nargis, amma a nan ba ta yi masa adalci ba. Fina-finan da muka gani a makon nan, basarake ne, matar mai jarida ce, sarki ne, tatsuniya ce. Inda ya nuna talauci kuma, mutane ya nuna masu suna da hali, tsohuwa mai kwaɗayi da yarinya mai ɗan hali, ba abin tausayi da aka jera don baƙo ba.

Lahadi

Jiya yaron yana lokeshan. Yau muka kalli na ƙarshe, Agantuk, 1991.

A 1983 ciwon zuciya ya kama Ray yana tsakiyar Ghare Baire, ɗansa Sandip ya taimaka aka ƙarasa. Ya yi shekaru bai yi babban fim ba, da ya dawo kuma likitoci suka hana shi wahalar waje, sai cikin sutudiyo. Shi ya sa Ganashatru, Shakha Proshakha da Agantuk galibi a ɗaki suke, mutane na zaune suna muhawara. Magana ta yi yawa a cikinsu, kuma mutumin da ya nuna mana mutuwar aure da madubin hangen nesa ya koma yana sa 'yan wasa su faɗi abin da ke ransa da baki. Duk da haka Agantuk yana da daɗin kallo: wani dattijo ya dawo bayan shekara 35 ya ce shi kawun matar gidan ne, mijin na zargin gado ya zo ci, Utpal Dutt kuma ya riƙe rawar da kyau ƙwarai. Labarin nasa ne, daga wani gajeren labari da ya rubuta tun da, kiɗan ma nasa ne, ɗan kaɗan.

A watan Maris na 1992 aka ba shi kyautar Oscar ta girmamawa, ya karɓa yana kwance a gadon asibiti a Kalkata. Ya rasu ranar 23 ga Afrilu na shekarar, ya bar fim 36 in an haɗa da gajeru da na tarihi, ban da littattafan Feluda, ɗan binciken da ya ƙirƙira wa mujallar Sandesh bayan ya farfaɗo da ita a 1961. Kwafin Pather Panchali mai tsabta da muka kalla ma da ƙyar ya iso gare mu: gobara ta tashi a wani ɗakin wanke fim a Landan a 1993 ta ƙona asalin fina-finan Apu uku, sai a 2015 aka fito da su bayan an bi abin da ya tsira ana gyarawa.

Saura Mahanagar na 1963. Na ajiye shi ne don ƙanwata, uwar yaron, saboda labarin matar aure ce da albashin mijinta ya kasa, ta fita tallar keken saƙa gida-gida, surukinta ya daina yi mata magana. Ta ce gobe bayan Magariba za ta zo, in mun yarda mu riƙa tsayawa muna fassara mata.